Wa Ya Goge Kulob Ɗin Mudassir?

Shafi na 23

Masu aiko mini da saƙo wai na bar ku a rataye, na ji ƙorafinku. Biki muka sha a gida, sai jiya na samu kaina. Ku gyara zama.

*

Washegarin dawowarsa daga Kano, Dabo ya buɗe shagon gem ɗinsa na Ƙofar Durbi tun da hantsi, kafin samarin unguwa su fara zuwa. Ya ajiye jakar sababbin faya-fayan gem da ya saro, ya yi shara, ya goge fuskar talabijin ɗin ɗaya bayan ɗaya. Sannan ya nufi kusurwa kamar yadda ya saba.

A kusurwar akwai tsohuwar na'ura guda da ba a ba kowa haya. Ta ƙanensa Mudassir ce. Da ita Mudassir ya fara shagon, shekarar da soja suka miƙa mulki, lokacin da kowa a Katsina ke cewa yanzu harkoki za su buɗe. Da ba su buɗe da saurin da yake so ba, sai ya bi motar Agadas zai tsallaka Libiya. Motar ba ta isa ba. Aka yi ta jira shekara da shekaru, har alƙali ya yanke cewa ya rasu. Aka yi addu'a, matarsa Safiya ta yi takaba. Bara mahaifiyarsu Inna ta ce ba za ta iya ganin Safiya ta bar gidan ba. Aka tambayi Safiya, ta ce ta amince. Dabo ya aure ta. Yanzu cikinta ya fito.

Abin da ya rage na Mudassir a shagon shi ne ɗan memorin ajiyar wasa da ke soke a jikin na'urar. A cikinsa kulob ɗin ƙwallon da ya gina yake, wanda ya cire wa 'yan wasa sunayensu ya sa na mutanen gida da na unguwa. Dabo ne gola. Inna ce mai tsaron baya, don ya ce ba a taɓa wuce ta ba. Safiya ce lamba goma. Kullum safe Dabo zai kunna, ya karanta sunayen, ya kashe. Bai taɓa buga wasa da su ba.

Ya yaye ƙyallen da ke rufe da ita. Ya kunna.

Babu kulob.

Ya zare memorin, ya hura bakinsa, ya mayar. Ya sake kunnawa.

Babu.

Ya shiga wurin da na'urar ke nuna abin da aka ajiye. Da can wurin cike yake, kowane gurbi da sunan Mudassir. Yanzu duk wayam, sai ajiya ƙwaya ɗaya a gurbin farko, ita ma ba suna.

Dabo ya miƙe ya leƙa shagon da ke manne da nasa. Yari mai gyaran rediyo yana zaune ya duƙufa a kan wata rediyo da ya farke cikinta. Shi ne aminin Mudassir tun suna makarantar allo, kuma a hannunsa Dabo ke barin makulli duk lokacin da zai yi tafiya.

"Yari, ina kwana."

"Lahiya lau, Dabo. An dawo lahiya? Ya hanya?"

"Alhamdu lillahi."

"Ya mutanen Kano? Ya Inna da jiki?"

"Da sauƙi. Ya iyali?"

"Lahiya lau suke."

"Madalla. Taso ka ga wani abu."

Yari ya ajiye abin da ke hannunsa a hankali. Bai tambayi ko mene ne ba. Dabo ya lura da haka.

Suka tsaya gaban talabijin ɗin kusurwa.

"Ina kulob ɗin?" in ji Dabo.

Yari ya matso ya ƙura wa allon ido kamar yau ya fara ganin irinsa.

"Ikon Allah. Ya ɓace?"

"Kai nake tambaya."

"To ai ka san halin wutar nan. Shekaranjiya sun kawo ta da ƙarhi, har ta ƙona mini rediyo biyu."

"Na cire soket kahin in tahi."

"To ko memorin ne ya tsuhwa. Abin bature ai shi ma yana da kwanansa."

"Yari."

"Na'am."

"Gyaran rediyo kake yi, ba tallan goro ba. Ka san memori in ya mutu, baki ɗaya yake mutuwa. Ba ya zaɓen abin da zai bari. Wanga hannu ne ya goge shi. Ɗaya bayan ɗaya ake gogewa, kuma kowane sai na'urar ta tambaye ka ko ka tabbata."

Yari ya sosa ƙeya.

"Wa ka ba makullina?"

"Ban ba kowa ba."

"To kai ka shigo?"

"Ni mi zan yi da gem? Ka taɓa ganin na riƙe hannun gem ɗin nan?"

Gaskiya ne, bai taɓa gani ba. Dabo ya jawo benci ya zauna. Ransa ya gama ɓaci, amma ba irin ɓacin da ke sa faɗa ba. Ji yake kamar an sake zuwa an yi masa gaisuwar mutuwa. Ya ɗauki hannun gem ɗin ba don komai ba sai don ya ga ko na'urar kanta lafiya take. Ya zaɓi wasu kulob biyu na cikin faifan, aka take wasa.

Ya kai ƙwallo bakin raga, ya danna maɓallin bugawa.

Ɗan wasan ya tsaya cak da ƙwallo a ƙafarsa.

Ya sake dannawa. Shiru. Aka ƙwace ƙwallon.

Dabo ya dubi hannun gem ɗin. Ya jira ƙwallo ta dawo ƙafarsa, sannan ya sa ɗan yatsansa manuni ya danna maɓallin da ke can saman, wanda ba da shi ake bugawa ba.

Ɗan wasan ya ɗirka ƙwallo ta bi ta saman raga.

Ya ajiye hannun a kan cinyarsa. Wasan ya ci gaba shi kaɗai, 'yan kallon cikin talabijin suna ta ihunsu.

Mutum ɗaya ne a duk Katsina ke bugawa da wannan maɓallin. Injin markaɗe ya cinye wa Mudassir rabin babban yatsansa na dama tun yana ƙarami, don haka duk na'urar da ya zauna a gabanta sai ya fara canza wa maɓallan aiki kafin ya yi wasa.

"Yari, ruhe ƙohwa."

"Dabo..."

"Ruhe."

Yari ya turo ƙofar. Shagon ya yi duhu sai hasken talabijin.

"Wa ya sa bugu a sama?"

"Ai dama haka saitinsa yake tun da can."

"Saitinsa na cikin abin da aka goge. In ka goge, komai komawa yake yadda ya zo daga kamhwani. Wanga sabo ne. Wani ya goge komai, sannan ya zauna nan inda nake, ya sake jera maɓallan daidai hannunsa, ya buga wasa, ya ajiye."

Yari ya sunkuyar da kai.

"Ka dube ni."

Bai ɗago ba.

"Don girman Allah, Yari. Yana raye?"

Yari ya zauna a ƙasa, ya jingina da ƙofar.

"Na ce mashi zai bar sawu," ya ce a hankali. "Na ce mashi kai ba yaro ba ne."

Dabo ya juya ga na'urar. Ya kai hannu ya kashe talabijin ɗin, don ihun ya ishe shi.

"Tun yaushe?"

"Satin da ya wuce. Yana ɗakin soro a gidanmu. Ba ya hita."

"Ina ya shiga duk shekarun nan?"

"Motar ta mutu masu cikin rairayi. Wasu suka tsince su, su kaɗan da suka rage. Da suka shiga Libiya aka kama su ba takarda. Kurkuku ya yi, Dabo. Daga nan aka kai su aikin gona, ba hita ba aike. Bana ya samu ya kuɓuta."

"Shi ne da ya iso bai zo gida ba?"

"Gida ya nuhwa. A tasha ya hau ɗan acaɓa, ya ce Ƙohwar Durbi, gidan Inna Hajo. Yaron bai san shi ba. Sai ya ce, au, gidan Dabo mai gem, wanda ya auri matar ƙanensa da ya mutu a sahara? Shi ne ya ce a sauke shi ƙohwar gidanmu."

Dabo ya runtse ido.

"Shagon hwa?"

"Da ya ji ka yi tahiya, ya roƙe ni in buɗe mashi ya gani. Da sassahe muka shigo. Ya ga na'urarsa a ruhe da ƙyalle. Na ce mashi kullum sai ka kunna ka duba. Ya daɗe yana karanta sunayen. Sannan ya shiga gogewa."

"Kana tsaye?"

"Na riƙe mashi hannu. Ya ce in sake shi, kayansa ne."

"Mi ya ce?"

"Ya ce mamaci ba ya da kulob."

A waje wani mai ruwa ya wuce yana kaɗa ƙarfensa.

"Da ya gama kuma ya kasa tashi," in ji Yari. "Ya ce bari ya buga ɗaya. Ban ma ga lokacin da ya canza maɓallan ba. Ina jin shi ma bai sani ba, hannunsa ne ya yi."

"Tashi mu je."

"Ba ya gidan."

"Yana ina?"

"Tashar motocin Jibiya. Yau zai tahi. Ya ce Maraɗi zai zauna, wani da suka yi zaman kurkuku tare zai sa shi a shago."

Dabo ya miƙe. Yari ma ya miƙe, amma bai matsa daga bakin ƙofar ba.

"Tsaya ka ji, Dabo. Na je na tambayi wani malami, ban hwaɗi suna ba. Ya ce tunda alƙali ne ya yanke, an ɗaura, har ga ciki, aurenka na nan daram. Ba wanda zai taɓa shi. Mudassir ma ya sani. Shi ya sa ya ce a bar shi yadda aka ajiye shi. In ka koma ka zauna, ni ban gani ba, kai ba ka gani ba."

Dabo ya tsaya. Ba zai ce maganar ba ta shige shi ba. Ya tuna Safiya da safen nan tana miƙo masa koko, hannunta ɗaya dafe da ƙugu. Sai da ta yi wata da watanni a ɗakinsa kafin ta iya yin dariya a gabansa. Ya tuna bakin mutanen unguwa, da yadda za su tsaya a ƙofar masallaci suna kallonsu su biyu. In ya buɗe shago ya zauna, kafin azahar mota ta tashi, shi ke nan.

Sai kuma ya tuna Inna. Idonta ya fara dushewa, amma har yau in ta ji an yi sallama da baƙuwar murya sai ta ɗaga kai ta ce wane ne.

"Matsa, Yari."

Yari ya matsa.

*

Tashar a cike take. Dabo ya jingine mashin ɗinsa gefen mai shayi, ya shiga bin motocin yana leƙawa. A wata tsohuwar fijo ya gan shi, can kujerar baya, jikin taga.

Da ba don hannun da ya ɗora a kan tagar ba, da ya wuce shi. Ya rame, ya yi baƙi, furfura ta fito masa a gemu, shi da yake ƙane.

Dabo ya tsaya jikin tagar.

Mudassir ya ɗago. Bai firgita ba. Ya dai janye hannunsa ciki.

"Yaya."

"Mudassir."

"Ina kwana."

"Lahiya lau."

"Ya Inna?"

"Sauko ka tambaye ta."

Mudassir ya mai da kansa gaba.

"Yari ne ko?"

"Ba Yari ba ne. Kai ne. Ka bar bugu a sama."

Mudassir ya dubi yatsansa. Ya yi ɗan murmushi wanda bai kai ko'ina ba.

"Har na ajiye?"

"Har ka ajiye."

"Hannu ne ya saba."

"Sauko."

"In sauko in je ina, Yaya?"

"Gida."

"Wane ɗaki?"

Matar da ke zaune kusa da Mudassir da kwandon tattasai a cinya ta fara kallonsu. Dabo ya rage murya.

"Wallahi ba mu sani ba. Mun jira ka. Har Agadas na je da ƙahwata ina tambaya."

"Na sani. Yari ya gaya mini. Ban ce ka yi laihi ba."

"To mi ya sa ka goge?"

"Don ka daina kunnawa."

"Ina ruwanka da kunnawata?"

"Kana da mata, ga haihuwa tahe. Kullum ka tashi sai ka je ka gaida ni a kusurwa. Wace mace za ta zauna lahiya a gidan da ake haka?"

"Ita ba ta san ina yi ba."

"Ta sani."

Dabo ya dube shi.

"Kai ya aka yi ka san ta sani?"

Mudassir ya sauke ido kan cinyarsa.

"Ka saurare ni," in ji Dabo. "Maganar Sahiya daban. Za mu zauna da manya, abin da shari'a ta ce shi za a yi, ko da ni zai ƙona. Amma Inna ba ta yi maka komai ba. Ta yi kukan mutuwarka har idonta ya tahi. In ka bar garin nan ba ta taɓa huskarka ba, ni ba zan iya riƙe wannan ba. Yau zan gaya mata."

"In ka gaya mata ka kashe ta."

"In na ɓoye mata na kashe ta sau biyu."

"Yaya, an riga an yi mini addu'a. An raba kayana. Kowa ya samu wurin zama. Ni kaɗai ne ban da gurbi, kuma ni na ja wa kaina, ba wanda ya ce in tahi. Ka bar ni in tahi da mutuncina."

"Ba inda za ka."

Dabo ya kama murfin motar ya ja. A kulle yake. Ya zura hannu ta taga zai zare makullin, sai hannunsa ya bugi wani abu a cinyar Mudassir.

Kular abinci ce. Shuɗiya, marfinta ya ɗan narke ta gefe ɗaya.

Dabo ya san kular. Shi ya sayo ta a kasuwa da azumin bara, kuma a gabansa marfin ya narke, ranar da aka manta ta kusa da murhu. A cikinta ake kai masa abincin rana shago.

Ya janye hannunsa a hankali.

"Wannan ta gidana ce."

Mudassir ya ɗora tafin hannunsa a kan marfin.

"Wa ya kawo maka?"

"Yaya, ka bar maganar."

"Yari ya ce ba wanda ya sani."

"Yari bai sani ba."

"Na ce wa ya kawo maka?"

"Ni ce."

Daga bayansa muryar ta fito. Dabo ya juya.

Safiya ce tsaye cikin dogon hijabinta, fuskarta ba hawaye, ba tsoro. Da alama ta jima a wurin.

"Kin ce mini awo za ki," in ji Dabo.

"Na je. Daga can na biyo."

"Tun yaushe kika sani?"

"Tun ranar da ya iso. Na je gidan su Yari karɓo dakan gero, na ji tarinsa a soro."

"Tari?"

"Na san tarinsa, Yaya Dabo."

Rabon da ta kira shi Yaya tun kafin a ɗaura musu aure.

Sai a lokacin idonsa ya sauka kan hannunta. Jakar kaya ce take riƙe da ita, cike, an ɗaure bakinta da igiya.

"Wannan jakar ta wa ce?"

Safiya ta buɗe baki za ta yi magana, sai ɗan kamasho ya zagayo ya bugi saman motar da tafin hannu. Ya dubi Dabo, ya dubi Safiya, ya dubi jakar.

"Jibiya ce, saura mutum ɗaya. Hajiya, ke ce mai tahiya?"